Daga wane tsiro hiltit yake fitowa, kuma zai yi a gonarmu?

Wani bawan Allah mai shagon magungunan Musulunci a Kano ya aiko mini da tambaya. Ya ce shekara da shekaru yana sayar da hiltit, amma bai taɓa ganin bishiyarsa ba ko a hoto. Yana so ya san ko ƙaro ne irin na dakwara da ake tsaga jikin itace a ɗiba, me ya sa wani yake da tsada wani kuma araha, ko zai iya samo iri ya shuka a gonarsa ko a wuri mai sanyi kamar Jos, sannan ko babu laifi a riƙa jiƙa wa jarirai idan ciki yana murɗa musu, don mata suna yawan tambayarsa.

Alhaji, Allah ya ƙara buɗi, ya sa albarka a kasuwa. Tambayarka ta ƙarshe ita ce ta rai, saboda haka ga amsarta tun kafin mu yi nisa: kada a ba jariri hiltit, ko ɗan ƙanƙani. Zan dawo kanta da dalili. Amma bari mu fara zuwa inda abin yake tsirowa, domin duk sauran amsoshin, har da ta farashi, a jikin tsiron suke.

Hiltit ba shi da bishiya. Ruwan saiwar wani tsiro ne na daji, ɗan'uwan karas ɗin nan da ake tallarsa a tire. Dangin karas suna da alama guda da ba ta ɓuya: furensu yana fitowa ne kamar laima a buɗe, ƙananan sanduna da yawa sun tashi daga wuri ɗaya a kan kara, kowace sanda kuma ɗauke da tata 'yar laimar ta ƙananan furanni. Idan ka juya ka dubi kantarka, za ka ga rabin wannan gida suna zaune tare da kai: shammar, yansun, kammun da kusbara duk 'yan ɗaki ɗaya ne da karas da hiltit. Habbatus sauda ce dai ba ta cikinsu, duk da ana yawan ajiye su wuri guda, ita gidansu daban. Kusan duk 'yan wannan gida suna da wasu siraran hanyoyi a cikin jikinsu da suke tara mai da danƙo masu ƙamshi ko wari. A jikin shammar da yansun abin ya fi taruwa a 'ya'yan, shi ya sa 'ya'yan kake sayarwa. A jikin tsiron hiltit kuwa a saiwa ya fi taruwa.

Masana tsirrai suna kiran zuriyar tsiron da suna Ferula, kuma nau'o'inta sun haura 150, daga bakin Bahar Rum har tsakiyar Asiya. Wanda sunansa ya fi yawo a takardu shi ne Ferula assa-foetida na ƙasar Iran, sai dai hiltit ɗin kasuwa daga nau'i fiye da ɗaya ake tara shi, kamar Ferula foetida da Ferula narthex da wasu 'yan'uwansu na kusa. Larabawan da suka yi rubutu kan magani tun zamanin Ibn Sina sun bambanta sunan tsiron da na ruwansa: tsiron shi ne anjudan, abin da ya fito daga saiwarsa ya daskare shi ne hiltit. Mutanen Iran suna ce masa anguze, Indiyawa suna ce masa hing. Jamusawa da Faransawa kuwa warin ne ya dame su, suka raɗa masa suna kashin shaiɗan. Gidansa na asali shi ne gangaren duwatsu da busassun tuddai na Iran, wajen Kerman da Yazd da Fars da Khurasan, da Afganistan wajen Herat da Kandahar da arewacin ƙasar, har zuwa Tajikistan da Uzbekistan. Ƙasa ce mai tsakuwa, ruwan sama kaɗan, sanyin hunturu mai daskarar da ruwa, sannan rani mai ƙuna wanda ba a ganin ko ɗigo.

Yadda wannan tsiro yake rayuwa abin a tsaya a duba ne. Idan ƙanƙara ta narke wajen watan Maris, sai ya fito da ganye daga ƙasa, manya masu yanka-yanka kamar na karas amma sun fi faɗi, a baje a gindi ba kara. Makonni kaɗan yake samu na danshi. A cikinsu yake tara abinci ya tura ƙasa, cikin saiwa. Da zafi ya shigo, ganyen ya bushe, iska ta kwashe, ka zo wurin ka rantse ba a taɓa yin tsiro a nan ba. Yana nan a ƙasa yana barci har wata shekara. Haka zai yi ta yi, shekara huɗu, biyar, wani ma fiye, saiwar tana ƙara kauri har kanta ya kai faɗin tafin hannun babban mutum, wajen santimita 12 zuwa 15. Sai wata shekara, idan ya ji ya tara abin da ya isa, ya harbo kara guda mai kauri kamar dantse, ya miƙe cikin ɗan lokaci ya kai mita biyu ko fiye, ya buɗe laimomi na fure ruwan ɗorawa mai sirkin kore. Ƙudaje da ƙudan zuma su yi ta kai-kawo a kansa. Ya yi 'ya'ya faffaɗa marasa kauri da iska take iya ɗauka. Daga nan sai ya mutu gaba ɗaya, har saiwar. Sau ɗaya tak yake yin fure a duk rayuwarsa. Ayaba ma takan haihu sau ɗaya uwar ta mutu, amma ita tana barin 'ya'ya a gindinta. Shi wannan ba ya barin komai sai irin da ya zubar.

To, masu ɗiban hiltit ba sa jiran furen. Idan tsiron ya harba kara, duk dukiyar da ke cikin saiwa ta tafi sama, ba sauran abin ɗiba. Wanda ya ƙosa amma bai yi fure ba shi suke nema. Wani likita Bajamushe mai suna Engelbert Kaempfer ya ga aikin da idonsa a yankin Laristan na kudancin Iran a shekarar 1687, kuma abin da ya bayyana bai bambanta sosai da yadda ake yi a yau ba. Idan ganye ya fara yaushi, wajen Afrilu, sai mutane su hau dutse da kayan haƙa. Su tone ƙasar da ke kewaye da kan saiwar, su cire busasshen ganye da zaren da ya lulluɓe ta, sannan su yi mata rumfa da ganye da ƙirare, su danne da dutse don kada rana ta ƙona ta ko iska ta yaye. Su tafi su bar ta kamar kwana arba'in. Idan sun dawo, sai su yanke kan saiwar a kwance da wuƙa mai kaifi. Farin ruwa kamar madara ya tsattsafo a kan yankan. Su mayar da rumfar. Bayan kwana biyu ko uku su dawo su kankare abin da ya taru da wani ɗan ƙarfe mai faɗi, su zuba a ƙoƙo, su sake yanke siririn fai-fai daga kan saiwar domin sabon ruwa ya fito. Ruwan farko tsararo ne, shi suke kira shir, wato madara a harshen Farisa. Na baya ya fi kauri. Haka za a yi ta yanka ana kankarewa, ana hutar da ita ana komowa, har kusan wata uku, sai saiwar ta ƙafe.

Ka duba wahalar da ke ciki. Mutum ɗaya yana kula da ɗaruruwan saiwoyi a warwatse a jikin dutse, kowacce sai ya durƙusa a gabanta sau da yawa, cikin zafin Yuni da Yuli, nesa da gida da ruwan sha, warin ya kama tufafinsa da fatarsa. Ɗan abin da kake aunawa a ma'auni, Alhaji, shekara biyar ce ta tsiro da wata uku na gwiwar mutum. Tsadar na ainihi ba zalunci ba ne.

Abin da ya fi damuna shi ne wannan: saiwar da aka yi wa irin wannan yanka yawanci ba ta tashi, kuma ta mutu ba ta yi fure ba, ba ta zubar da iri ko ƙwaya ɗaya ba. Idan farashi ya hau, mutane suka yi yawa a dutse, aka yanka manya aka koma kan ƙanana, awaki kuma suka cinye ganyen waɗanda suka rage, sai a wayi gari gangaren da kakanni suka ci arziki a kansa ya zama fili. An riga an ga irin wannan a nahiyarmu. A Jabal Akhdar na gabashin Libiya, inda garin Shahhat yake a yau, akwai tsohon birnin Kirene da Girkawa suka kafa wajen shekara 631 kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam. Arzikin birnin ya dogara ne da wani tsiron daji da ake kira silfiyum, wanda siffarsa a jikin kuɗinsu na azurfa ta nuna ɗan gidan karas ne, mai kauri, mai fure kamar laima. Ruwansa ake sayarwa a duk kewayen Bahar Rum, don miya da magani. An gwada noma shi ya ƙi. Aka yi ta ɗiba, tumaki suna kiwo a kansa, har marubutan Rum na ƙarni na farko suka rubuta cewa kara ɗaya tak aka samu a zamaninsu, aka aika wa Sarki Nero a matsayin abin mamaki. Da ya ƙare, sai Rumawa suka koma sayen wanda ake kawowa daga Farisa, suna cewa bai kai na Libiya ba. Wannan na Farisa shi ne hiltit ɗin da ke shagonka. Shi ya sa nake jin daɗin yadda manoma a arewacin Afganistan da Uzbekistan da Tajikistan suka fara shuka shi a gona, da yadda masu bincike a Iran suke gwada salon yankan da zai bar saiwar da rai. Duk gonar da aka shuka, sauƙi ne ga na dutse.

Yanzu mu dawo kan abin da ke hannunka. Ina da wani dunƙule da nake ajiyewa a kwalba cikin wata kwalbar, don in na bar shi a guda ɗaya har littattafan ɗakin sai sun ɗauki wari. Bayansa ja ne mai duhu kamar busasshen dabino. Idan na sa wuƙa na fasa, cikin fari ne kamar kindirmo da ya daskare, yana ɗan ƙyalli. In na bar shi a kan tebur na je na dawo, sai in tarar farin ya fara komawa ruwan hoda, bayan kwanaki ya zama ja, a ƙarshe ya koma launin bayansa. Iska ce take canza shi. Wannan sauyin launi yana daga cikin alamun da na fi yarda da su, domin garin da aka cuɗa da rini ba ya yin haka, launinsa ɗaya ne ciki da waje.

Abu uku ne a cikinsa. Akwai danƙo mai narkewa a mai ko sifirit amma ba ya narkewa a ruwa, shi ne mafi yawa, kashi 40 zuwa 64 cikin ɗari. Akwai ƙaro mai narkewa a ruwa, kamar kashi 25. Sai mai mai tashi a iska, wanda yakan kai kashi 10 zuwa 17 a mai kyau. Warin a cikin wannan man yake, kuma sinadaran farar wuta ne, dangin waɗanda suke sa albasa da tafarnuwa yaji da wari, ko da yake tsiron ba shi da wata dangantaka da su. Bahaushe bai kamata ya yi mamakin wannan ba, mu da muke da daddawa. Ka shinshina ta ɗanya ka kau da kai, ka jefa ta a miya gida ya ɗauki ƙamshi. Haka hiltit yake. Ka ɗauki abin da bai kai ƙwayar gero biyu ba, ka jefa a mai mai zafi, ka ƙirga biyar, sai warin ya kwanta, ƙamshin soyayyar albasa da tafarnuwa ya tashi. Wannan ne ya sa Indiya ta zama babbar kasuwarsa. Mabiya addinin Jain da wasu 'yan Hindu ba sa cin albasa da tafarnuwa, hing ne yake cike musu gurbin, kuma kusan kowace tukunyar wake ko adas (wani ɗan ƙaramin wake) a ƙasar sai an ɗan sa, saboda ɗanɗano da kuma rage kumburin ciki.

A nan ne amsar tambayarka ta farashi take. Hukumar binciken kimiyya ta Indiya ta bayyana a shekarar 2020 cewa ƙasar tana shigo da ɗanyen hiltit kimanin tan 1,200 a shekara daga Afganistan da Iran da Uzbekistan, na kusan dala miliyan 100. Ɗanyen ya fi ƙarfin a zuba a abinci kai tsaye, kuma yana manne wa turmi, ba ya dakuwa. Saboda haka a garuruwa irin su Hathras na jihar Uttar Pradesh, sai a jiƙa shi, a cuɗa da garin alkama ko na shinkafa da ƙaro, a shanya, a niƙa. Ƙaron nan kuwa irin na dakwara ne, wanda Sudan da Chadi da Najeriya suke kan gaba wajen fitarwa duniya. Garin da ke cikin 'yar roba mai ruwan ɗorawa ko fari-fari, wanda ake sayarwa a shagunan Indiyawa, wannan haɗin ne, kuma hiltit ɗin da ke ciki sau da yawa bai kai kashi ɗaya cikin uku ba. Wannan ba algus ba ne matuƙar an rubuta a jikin robar, don girki aka yi shi. Algus shi ne a sayar maka da shi a kuɗin tsantsa, ko a cuɗa ɗanyen da yashi, jar ƙasa, alli, ko wani danƙo mai araha don ya yi nauyi. Wani tun a dutse ake zuba masa ƙasa, musamman ruwan farko mai tsararo. A kasuwar duniya wanda ya fi daraja shi ne mai ƙwaya-ƙwaya, kamar ɗigon hawaye da ya daskare. Sai dunƙulalle, wanda ƙwayoyin suka manne da juna da ɗan datti, shi ne ya fi yawa. Sai mai laushi kamar kwaɓi.

Kafin ka sari kaya masu yawa, ka karɓi ɗan kaɗan ka gwada, gani ya kori ji. Ka fasa ka duba cikin, kamar yadda na faɗa. Ka murza ɗan guntu da ruwa a faranti ko ƙaramin turmi: na kirki zai mayar da ruwan fari kamar madara, domin ƙaron cikinsa yana riƙe danƙon a ruwa. Ka juye a kofin gilashi ka bar shi ya kwanta. Yashi da ƙasa za su sauka gindi, ka ga yawansu da idonka. Ka soka wani guntun a bakin allura ka kai shi ga wuta, mai kyau yana kamawa ya ci da harshe mai haske kamar kafur, mai ƙasa da yawa sai ya yi ta hayaƙi ya bar toka mai nauyi. In kana da aidin irin na wanke ciwo, ka ɗiga a ruwan da ka murza, idan ya koma shuɗi mai duhu to akwai gari a ciki. Ajiya kuma a kwalba mai murfi sosai, nesa da rana. Zafin Kano yana korar man da ke cikinsa, kuma in ka bar shi kusa da hulba ko zuma, duk sai sun koma hiltit.

Batun shuka, ba zan ɓoye maka ba, kada ka zuba kuɗinka. Irin wannan tsiro ba ya tsirowa sai ya kwana makonni cikin sanyi mai danshi, kusa da daskarewa, irin wanda yake samu a ƙarƙashin dusar ƙanƙara. Ko an yaudare shi da firji ya tsiro, uwar tana bukatar wannan hunturu kowace shekara, da rani busasshe ƙayau lokacin da take barci. Mu kuwa lokacin zafinmu da danshinmu tare suke zuwa. Watannin da saiwar take so ta kwanta a busasshiyar ƙasa, Yuli da Agusta, su ne tsakiyar daminarmu, ruɓewa za ta yi. Jos tana kan tudu kamar mita 1,200, Mambila wajen 1,600, suna da sanyi a ma'auninmu, amma sanyin rigar sanyi ne, ba na ƙanƙara ba, ga ruwan sama mai yawa. Duwatsun Bagzan na Ayar a Nijar sun haura mita 2,000 kuma busassu ne, dare yana yin sanyi ƙwarai a hunturu, sai dai ɗan ruwan da suke samu da zafi yake sauka, sanyinsu kuma busasshe ne. Ka tambayi manoman karas na Jos da Zariya da Kadawa me ya sa suke sayen irin gwangwani daga waje kowace shekara. Karas irin na Turai ma sai ya sha sanyi kafin ya yi fure da kyau, ga shi kuwa shi ne mai sauƙin kai a gidan.

Ko Indiya mai duwatsun Himalaya ba ta same shi da sauƙi ba. Cibiyar binciken albarkatun Himalaya da ke Palampur ta shigo da iri daga Iran a shekarar 2018, aka yi ta fama da shi a ɗakin gwaji, domin a cikin ƙwaya ɗari ɗaya ko biyu ne suke tsirowa in an bar su haka nan. Sai ranar 15 ga Oktoban 2020 aka dasa na farko a ƙauyen Kwaring da ke kwarin Lahaul, a jihar Himachal Pradesh, wuri mai tsayin kusan mita 3,000 wanda ƙanƙara take rufewa watanni. Kuma tun ranar aka gaya wa manoman su sa ran shekara biyar kafin su ga ɗigon farko. Idan kana da gona kana sha'awar wannan gida, ka gwada kusbara ko shammar a noman rani lokacin sanyin hunturu, su cikin 'yan watanni suke ba da 'ya'ya.

Akwai wani gargaɗi da ya shafi sana'arka kai tsaye. Gidan karas gida ne mai abinci da guba a ɗaki ɗaya, kuma suna kama da juna ƙwarai. Tsiron da aka ba masanin Girka Socrates ya sha ya mutu a shekara 399 kafin haihuwar Annabi Isa ɗan wannan gida ne. A cikin zuriyar Ferula kanta akwai Ferula communis na Maroko da sauran ƙasashen Bahar Rum, wanda ake samun danƙon da ake kira fasukh daga gare shi. Wani nau'insa yana ɗauke da sinadarin da ke hana jini daskarewa, yana kashe tumaki da shanu da zubar jini, kuma an kwantar da mutane a asibiti a Maroko bayan sun sha. Fasukh da hiltit suna iya zuwa a buhu ɗaya daga hannun dillali ɗaya, dukansu dunƙulen danƙo ne mai wari. Ka raba su, ka rubuta suna a jikin kowanne, kada yaron shago ya ba da wannan a madadin wancan.

Amfaninsa na magani da ya fi tabbata shi ne wanda aka daɗe da sani: rage iska da kumburin ciki ga babban mutum, a ɗan ƙaramin adadi irin na girki. Sauran abubuwan da ake yaɗawa, na kashe ƙwayoyin cuta da makamantansu, yawancinsu a kwalbar gwaji ko a jikin ɓera aka gani. A shekarar 2009 masu bincike a Taiwan sun nuna wasu sinadaransa suna kashe ƙwayar murar H1N1 a ɗakin gwaji, amma abin da ya yi aiki a kwalba bai zama magani a jikin mutum ba tukuna, kada a sayar da shi da wannan alkawari. Mai ciki ta nisanci shan sa a matsayin magani, tun da can an san shi da tayar da mahaifa, ana tsoron ɓari. Mai shayarwa ma ta bari. Wanda yake shan maganin tsinka jini irin su wafarin, ko yake da ciwon da jini ba ya tsayawa, ko aka sa masa ranar tiyata, shi ma ya bari. Masu hayaƙi da shi kuma, hukuncin wannan na malamai ne, ni abin da zan ce a kai na huhu ne: hayaƙin danƙo mai farar wuta a rufaffen ɗaki yana iya tayar wa mai asma da ciwonsa, kuma bai kamata jariri ya shaƙa ba.

To ga dalilin hana jarirai. Jan sinadarin da ke cikin jini, wanda yake ɗaukar iskar oksijin daga huhu ya kai sassan jiki, yana aiki ne da ƙarfen da ke tsakiyarsa. Wasu sinadarai suna iya canza wannan ƙarfe ya koma yanayin da ba ya iya ɗaukar iskar. Jikin babba yana da abin da yake gyara shi nan da nan. Jariri a watanninsa na farko wannan mai gyaran bai gama ƙarfi ba, kuma jinin da ya fito da shi daga ciki ya fi saurin lalacewa ta wannan hanya. Hiltit yana cikin abubuwan da suke yin haka. A shekarar 1984 likitoci a Amurka suka ba da rahoton wani jariri ɗan mako biyar da aka ba shi haɗin hiltit saboda murɗawar ciki. Aka kawo shi yana numfashi da ƙyar, jikinsa ya canza launi, sai da aka yi masa allurar wani magani na musamman ta jijiya kafin ya dawo. Da aka gwada a ɗakin bincike, aka ga hiltit yana lalata jinin jarirai ta wannan hanya, na manya kuwa bai yi masa haka ba. Wato uwa za ta iya sha ta ce ai ni ban ji komai ba, kuma gaskiya ta faɗa, amma jikinta da na ɗanta ba ɗaya ba ne.

Na san matsin da kake ciki. Uwa ce a gabanka, ba ta yi barci ba kwana uku, kakar yaro ta aiko ta, kuma in ka hana ta za ta je shago na gaba. Duk da haka ka hana, ka gaya mata dalili da bakin da za ta gane: wannan yana hana jinin jariri ɗaukar iska. Ka ce mata kukan murɗawar ciki yakan yi tsanani wajen mako shida, ya lafa da kansa wajen wata uku zuwa huɗu. Ta riƙa ɗora shi a kafaɗa tana shafa bayansa har ya yi gyatsa bayan kowane shan nono, ta goya shi, kuma kada ta ba shi komai sai nono har wata shida, ko ruwa. Idan kukan ya zo da zazzaɓi, ko amai, ko ciki ya kumbura ya yi tauri, ko ya ƙi kama nono, asibiti za ta nufa. In kuwa ta ce maka an riga an ba shi, ka tambaye ta yaushe, ka ce ta buɗe bakinsa ta duba leɓe da harshe da dasashi, ta duba farce da tafin hannu. Idan sun yi duhu ko toka-toka, ko yana numfashi da sauri, ko jikinsa ya saki, ta tafi asibiti a wannan sa'a, ta riƙe ragowar abin da aka ba shi a hannunta ta nuna wa likita.